Harman Maya: Maginin Da Ya Zama Sarkin Sulu A Kan Ƙanƙara

A wannan fitowa ta mujallarmu na zaɓi in kawo muku labarin wani mutum wanda ba a yin sana'arsa a Jega, ba a yinta a Aliero ko Maiyama, kai, ba a ma yinta a Nijeriya kaf. Sana'ar kuwa ita ce tseren sulu a kan dusar ƙanƙara. Sunan mutumin Hermann Maier a rubuce, amma in za a faɗa sai a ce Harman Maya. Na san wani zai ce, to mu ina ruwanmu da wasan ƙanƙara, mu da ruwan randa ma sai ya kwana kafin ya yi sanyi? Ga dalilina. Mutumin nan an taɓa sallamarsa daga makarantar kwana aka ce jikinsa bai kai ba. Ya yi aikin gini ya ci abinci da shi. Daga baya kuma ya yi hatsarin babur har aka yi shawarar yanke masa ƙafa. Waɗannan abubuwa uku babu wanda ba mu sani ba a ƙasarmu.

Ƙasarsu sunanta Ostiriya, tana tsakiyar Turai, kudu da Jamus, arewa da Italiya. Kada a haɗa ta da Ostireliya, wannan can wata nahiya ce daban. Babban birninta Biyana, mutanenta wajen miliyan 9, harshensu kuwa Jamusanci. Girmanta ya ninka Jihar Kebbi sau biyu da 'yan kai, amma fiye da rabinta duwatsu ne, waɗanda ake kira Alps. Mafi tsawonsu a ƙasar ya kai mita 3,798. Lokacin da mu nan muke fama da hunturu muna shafa man kaɗe a kaushi, su can dusar ƙanƙara ce take rufe duwatsun nan fari fat.

Ita wannan ƙanƙara ba irin wadda muka sani ba ce, wadda takan faɗo da ruwan farkon damina kamar tsakuwa, yara su tsinta, kafin a jima ta narke. Tasu tana saukowa ne a hankali kamar sauɓin auduga, ta taru bisa ƙasa, ta yi watanni ba ta narke ba. A cikinta mutum ba ya iya tafiya sosai da ƙafa, sai ya nutse. Shi ya sa tun zamanin da mutanen ƙasashen sanyi suka ƙago ɗaura dogayen katakai a ƙafa suna zamewa a kai. Wanda ya taɓa zama a kan yankakkiyar jarka ya sulalo daga kan tudun yashi a bakin gulbi ya san daɗin abin. Bambancin kawai, su a tsaye suke yi, kowace ƙafa da nata katakon mai tsawon da ya kai mita biyu, kowane hannu da sanda, tudun nasu kuwa dutse ne wanda kansa yake cikin gajimare.

Tseren iri huɗu ne, ya kamata in bayyana su tun yanzu don kada a ruɗe a gaba. Akwai silalom, inda akan kafa sanduna kusa da kusa, mai tsere ya riƙa kaucewa dama da hagu da sauri. Akwai babban silalom, wanda tutocinsa suka fi nisa da juna, gudun kuma ya fi yawa. Akwai sufa-ji, wanda ya fi wannan gudu. Sa'an nan akwai uban tafiyar, watau gangara, inda kwana ba ta da yawa, sai dai mutum ya duƙa ya saki jiki ya bi dutse har ƙasa. A gangara gudun yakan wuce kilomita 130 a awa, watau ya fi na yawancin motocin hayar da ke bin hanyar Jega zuwa Sakkwato, ga shi babu ƙarfen mota da zai tare wa mutum, babu birki, daga shi sai hular kwano da wata riga mai kama jiki. Don kada filin ya lalace, masu shiri sukan sa masa ruwa ya daskare ya yi tauri kamar daɓen siminti.

Ba a sakin masu tsere gaba ɗaya kamar yadda muke yi a filin makaranta. Ɗaya bayan ɗaya suke saukowa, agogo ne alƙali. Agogon kuwa yakan raba sakan ɗaya kashi 100. Na zauna na yi lissafin abin: mutumin da ke gudun kilomita 100 a awa yana cin kusan mita 28 a sakan guda. Ke nan kashi ɗaya cikin 100 na sakan santimita 28 ne, bai kai tsawon rular da muke jan layi da ita ba. A kan wannan ɗan taƙi mutum yakan ci zinariya ko ya rasa, bayan ya yi tafiyar kilomita uku. Kuma duk tsawon minti biyun nan a duƙe yake, gwiwoyi a lanƙwashe. 'Yan aji ɗaya da aka taɓa sa su hawan babur a ɗakin kwana sun san yadda cinya take yi bayan minti biyu.

Babbar gasarsu ta shekara-shekara ana kiranta Kofin Duniya, amma ba kamar na ƙwallon ƙafa take ba. Ana fara ta ne a ƙarshen Oktoba, a yi ta yawo ƙasa ƙasa har watan Maris. A kowane tsere na ɗaya yana samun maki 100, na biyu 80, na uku 60, a haka har na 30 wanda ke samun maki 1. Wanda ya fi tara maki a ƙarshen shekara shi ne zakara, a ba shi wani kofi na gilashi mai siffar duniya. Ban da wannan akwai Gasar Zakarun Duniya duk bayan shekara biyu, da Olimfik na lokacin sanyi duk bayan shekara huɗu. A Ostiriya wannan wasa shi ne kamar kokawa a Nijar, ko dambe a ƙasar Hausa bayan an gama girbi. Ranar babban tsere gari yakan tsaya cik.

An haifi Harman ran 7 ga Disamba, 1972, a Altenmarkt, ya tashi a wani ƙauye kusa da nan mai suna Flachau, cikin jihar Salzburg. Mahaifinsa yana da makarantar koya wa baƙi sulu, saboda haka yaron ya buɗe ido ne ya ga katako a ƙafarsa, kamar yadda ɗan Sarkawa yake buɗe ido ya gan shi cikin jirgi. Da ya tasa aka kai shi makarantar kwana a garin Schladming, inda ake haɗa karatun kasuwanci da horon tsere. Daga irin waɗannan makarantu ƙasar take zaɓen 'yan wasanta. Amma yana ɗan shekara 15 aka mayar da shi gida. Siriri ne ƙwarai, ga kuma wani ciwon gwiwa irin wanda ke kama yara masu tasowa, lokacin da ƙashi yake tsawo da sauri jijiya tana jansa. Masu horo suka dube shi suka ce wannan ba zai kai labari ba.

A nan nake so in ɗan tsaya. Ni ban ce malaman nan mugaye ba ne. Ciwon gwiwar gaskiya ne, yaran da ke neman gurbin kuma suna da yawa. Amma abin da suka auna jikin ɗan shekara 15 ne, shi kuwa jikin ɗan shekara 15 bai gama faɗin maganarsa ba. A ajinmu akwai wanda gemu ya fara fito masa, akwai kuma wanda har yanzu in ya yi magana sai ka ce ɗan firamare ne, alhali sa'o'in juna ne. In lokacin wasannin gidaje ya zo, manyan ake ɗiba, ƙananan kuwa aikinsu ɗaukar bokitin ruwa da tafi. Wani cikinsu sai ya kai aji shida zai miƙe, a lokacin kuwa ya riga ya sa wa ransa cewa fili ba nasa ba ne. Ina roƙon malaman wasanni da shugabannin gidaje su riƙa barin ƙofar a buɗe, ko da gwaji ɗaya ne a kowane zango.

Da Harman ya koma gida bai zauna yana jiran tsammani ba. Ya shiga koyon gini har ya ƙware. In zafi ya zo, ƙanƙara ta narke, sai ya ɗauki cokalin gini ya tafi wurin aiki, yana jera bulo yana kwaɓa siminti. In sanyi ya dawo, sai ya koma makarantar mahaifinsa yana koya wa baƙi yadda za su tsaya a kan katako. A shekarar 1991 da aka ƙirƙiro Jiharmu ta Kebbi, shi yana ɗan shekara 18 yana wannan aiki, sa'o'insa kuwa suna yawon Turai da rigar ƙasa. Ciwon gwiwar ya wuce da kansa da girma ya tsaya. Siririn yaron nan ya zama ƙato mai faɗin ƙirji, mutane da yawa kuma suna cewa aikin ginin ne ya gina shi. Duk wanda ya taɓa sauke buhun siminti daga mota ba zai yi musu ba. Yana kuma shiga ƙananan gasa na jiharsu yana cinyewa, amma manya ba su waiwaye shi ba, don a ganinsu shekarunsa sun wuce.

Iyayenmu, ku dubi wannan. Akwai ɗalibin da in an yi hutu yakan ji kunyar a gan shi yana bin magini, ko yana ɗaurin buhun albasa a Aliero, ko yana taya mahaifinsa jiran rumfa a kasuwar Jega, wai shi ɗan sakandare ne. Akwai kuma uban da yake ganin in yaro ya shiga boko ya fi ƙarfin aikin hannu. Shekarun da Harman ya yi yana gini su suka ciyar da shi, su suka ba shi damar ci gaba da tseren da ba wanda yake biya masa.

Ranar da abin ya juya ita ce 6 ga Janairu, 1996. An kawo tseren Kofin Duniya na babban silalom har ƙauyensu Flachau. A al'adar wasan, kafin manya su fara akan saki waɗansu 'yan gari su bi filin don a tabbata komai daidai ne, a gwada agogo. Su ne masu share fage, ba a lissafa su cikin gasa. Harman na cikinsu. Da aka gama aka duba agogo, sai aka ga lokacin mai share fagen nan shi ne na 12 a cikin dukan gwanayen duniya da suka taru a wurin. Ashe zakaran da Allah ya nufa da cara, ko ana muzuru ana shaho sai ya yi. Nan da nan hukumar wasan ta ƙasar ta kira shi. Ran 10 ga Fabrairu na wannan shekara ya yi tserensa na farko a Kofin Duniya, yana da shekara 23, lokacin da waɗansu sa'o'insa suka riga suka gaji suka bari.

Bayan shekara guda, a Fabrairu 1997, ya ci tserensa na farko, na sufa-ji, a Garmisch ta ƙasar Jamus. A wannan gari ne a Janairu 1994 wata gwana 'yar Ostiriya mai suna Ulrike Maier, wadda ta taɓa zama zakarar duniya sau biyu, ta faɗi a tseren gangara ta rasu, ta bar 'yarta ƙarama. Sunan ne kawai ya zo ɗaya, ba danginsa ba ce. Na kawo ta ne don a san cewa wasan nan yana cin rai.

Abin da ya sa duniya ta san Harman ya faru ne a Olimfik na Nagano, ƙasar Japan, ran 13 ga Fabrairu, 1998. Na kalli hoton abin a wayar yayana lokacin hutu, na maimaita ya fi sau goma. Ya fito daga ƙofar farawa kamar an harbo shi. Bai cika sakan 20 ba ya iso wata kwana da gudun da ya wuce kilomita 100 a awa, ya ƙi ragewa. Sai kawai ƙasa ta ƙwace masa. Ya tashi sama a kwance, ƙafafu suka koma sama kai ya koma ƙasa, ya daɗe a iska kamar shirwa, sa'an nan ya faɗo ta kafaɗa, ya yi ta alkafura, ya keta ragar tsaro ta farko, ya keta ta biyu, ya je ya nutse cikin ƙanƙara mai laushi. Duk mai kallo ya ɗauka an gama. Can sai ga shi ya motsa, ya miƙe, yana kakkaɓe jiki. Kafaɗa da gwiwa sun bugu, amma ko ƙashi ɗaya bai karye ba. Wani Bafaranshe, Jean-Luc Crétier, shi ya ci zinariyar ranar, amma hoton wanda ya faɗi aka fi bugawa a jaridu.

Bayan kwana uku, ran 16 ga wata, ya hau dutse ya ci zinariyar sufa-ji. Ran 19 ya ƙara da ta babban silalom. Daga nan aka laƙaba masa suna Haminato, daga sunan wani fim na mutum-mutumin ƙarfe da ba ya mutuwa, wanda ɗan ƙasarsu Arnold Schwarzenegger ya fito a ciki. A wannan shekara ya ɗauki babban kofin gilashi na farko.

Shekarun da suka biyo baya ba sai na ja su ba, cin nasara ne a kan cin nasara. A Disamba 1998, a wani tseren sufa-ji kusa da Innsbruck, 'yan Ostiriya suka kwashe matsayi na 1 har zuwa na 9, shi ne a gaba. A Gasar Zakarun Duniya ta 1999 a Amurka ya ci zinariya biyu. Ɗayarsu raba ta suka yi da Lasse Kjus na Norwe, don agogon nan mai raba sakan kashi 100 ya kasa raba su, na ukunsu kuwa kashi ɗaya tak ya bi bayansu da shi. A 2000 ya tara maki 2,000 cif, abin da babu namijin da ya wuce sai a 2023 da Marco Odermatt na Suwizalan ya tara 2,042. A 2001 ya ci tsere 13 a shekara guda, ya ɗauki babban kofi na uku. Salonsa ba na kyan gani ba ne. Waɗansu suna bin fili kamar masu rawa, shi kuwa kamar mai faɗa da dutsen yake, yana bin hanya mafi gajarta ko da zai ture tuta da kafaɗa.

To, ran 24 ga Agusta, 2001, da rani, babu ƙanƙara babu tsere, ya taso daga wurin motsa jiki a kan babur zai koma gida. Kusa da garin Radstadt wata mota ta sha gabansa suka yi karo. Ƙafarsa ta dama, tsakanin gwiwa da idon sawu, ta ragargaje, ƙashi ya huda fata ya fito. Mutumin da ya tashi sama a Nagano ya sauka lafiya, ga shi hanyar mota ta kayar da shi. Mu da muke hawa babur mu uku mu huɗu daga Maiyama zuwa Jega, babu mai hular kwano ko ɗaya, ya kamata mu yi tunani a kan wannan.

An kai shi asibiti a Salzburg, likitoci suka yi awa bakwai suna aiki a kan ƙafar. An sa masa sandar ƙarfe a cikin ƙashin, an yanko fata daga wani wuri a jikinsa an rufe ramin. Da farko ba maganar tsere ake ba, maganar ko ƙafar za ta tsira ake yi, har ma da ransa, domin ƙodarsa ta so ta tsaya. Wani zai yi mamaki, me ya haɗa ƙafa da ƙoda? Malaminmu na kimiyyar halittu ya bayyana mana. In tsoka ta daku ƙwarai, takan saki wani sinadari cikin jini, shi kuwa in ya yi yawa sai ya toshe ƙananan hanyoyin da ƙoda take tace jini da su. Mutum yana kallon ƙafa, ashe ɓarnar tana ciki.

Mu mutanen wannan yanki ba baƙin karaya ba ne. Sunan Aliero ya kai nesa a kan ɗori, ana kawo masu karaya daga garuruwa masu nisa, har daga ƙetaren iyaka, mutane da yawa kuma sun taka da ƙafarsu sun koma gida. Wannan baiwa ce da gado, ba abin rainawa ba ne. Amma karaya iri biyu ce. Akwai wadda ƙashi ya karye fata tana rufe. Akwai kuma irin ta Harman, wadda ƙashi ya fito, ƙasa da datti suka shiga. Ita wannan ta biyun, abin tsoro a cikinta ba ƙashin ba ne kawai. Ƙwayoyin cuta sukan shiga su ci ƙashin, jijiyar jini takan tsinke, in kuma aka ɗaure ƙafar da ta kumbura tamau jini ya daina zuwa, sai naman ya mutu ya yi baƙi, daga nan sai yankewa. Irin wannan tana bukatar a wanke ta a ɗakin tiyata cikin awoyin farko, a ba da maganin kashe ƙwayoyin cuta da allurar hana sandarewar jiki. Saboda haka in hatsari ya faru aka ga jini da ƙashi a waje, ko yatsu suka yi sanyi suka daina ji, asibiti za a fara nufa, kada a kwana ana shawara.

Harman ya rasa shekarar wasa guda cur, har da Olimfik na 2002 a Amurka, wanda da shi ake sa ran zai kwashe zinariya. Yana kwance abokin hamayyarsa kuma ɗan ƙasarsu, Stephan Eberharter, wanda ya daɗe yana zuwa na biyu a bayansa, ya ɗauki babban kofi a 2002 da 2003. Shi kuwa sai da ya sake koyon tafiya. Ya koma wurin horonsa a Obertauern ya yi ta tuƙa keken motsa jiki awa bayan awa. Ƙafar ta canza siffa, ba ta ji sosai, takalmin tsere kuwa mai tauri ne mai matse ƙafa, sai da aka yi ta gyara masa shi. Jaridu da yawa sun riga sun rufe littafinsa.

A tsakiyar Janairu 2003 ya dawo, a Adelboden ta Suwizalan. Bai ko samu shiga zagaye na biyu ba. Masu cewa ya ƙare suka ce ai mun faɗa. Bayan mako biyu aka je Kitzbuhel, dutsen da masu wannan wasa suka fi tsoro a duniya, inda filin gangara yake da tsawon fiye da kilomita 3, wani wurin kuma tsayuwarsa kamar bango. Ran 27 ga Janairu, kwana 521 bayan hatsarin, ya ci tseren sufa-ji a can. Mutumin da ake kira ƙarfe ya tsaya a gaban jama'a yana hawaye.

A ganina wannan ya fi na Nagano nesa ba kusa ba. Abin Nagano akwai sa'a a ciki, don da ragar nan ba ta rage masa gudu ba, ko da kan dutse ya faɗa, da wani labarin ake yi. Kwana uku kuma ƙarfin hali yana iya ɗaukar mutum. Amma wata 17 na ciwo da keke da sanda, ba 'yan kallo, ba tafi, wannan sai mai haƙurin jera bulo ɗaya bayan ɗaya. A shekarar 2004 ya sake ɗaukar babban kofi, na huɗu ke nan, ya wuce Eberharter da maki 42 kacal. A 2005 ya ci zinariyar babban silalom a Gasar Zakarun Duniya a Bormio ta Italiya. A Olimfik na 2006 a Turin ya samo azurfa da tagulla. Gaskiya bai koma cin tsere goma goma a shekara kamar da ba, ƙafar ba ta bari ba, ga yara sabbin jini sun taso. Nasararsa ta ƙarshe a Kanada ya yi ta, a Nuwamba 2008, saura kwana kaɗan ya cika shekara 36.

A Oktoba 2009 ya tara 'yan jarida a Biyana ya ce ya ajiye. Ya bar fili da nasara 54 a Kofin Duniya: 24 a sufa-ji, 15 a gangara, 14 a babban silalom, 1 a haɗaka. A cikin mazan Ostiriya Marcel Hirscher ne kaɗai ya fi shi, da 67. Bai iya zama wuri ɗaya ba. A ƙarshen 2010 ya shiga wata gasar tafiya a kan ƙanƙara zuwa ƙuryar kudu ta duniya, inda ƙungiyar Ostiriya ta riga ta Jamus isa. Daga baya ya shiga harkar otal.

Kada a ce baƙar fata bai taɓa taka wannan fili ba. Lamine Guèye na Senegal ya yi tseren gangara a Olimfik na 1984 a Sarayebo, Kwame Nkrumah-Acheampong na Gana kuma ya yi silalom a na 2010. Nijeriya ta fara zuwa Olimfik na lokacin sanyi a 2018 a Koriya ta Kudu, mata huɗu ne kuma suka kai ta: Seun Adigun, Ngozi Onwumere da Akuoma Omeoga a tseren amalanken ƙanƙara, da Simidele Adeagbo wadda take kwanciya rub da ciki a kan ɗan faranti ta sulalo da kai a gaba. A 2022 Samuel Ikpefan ya wakilce mu a tseren katako na dogon zango a Sin.

A can Flachau kuwa, filin tseren Kofin Duniya na ƙauyen yanzu sunan Harman yake ɗauke da shi. Kusan kowace shekara a watan Janairu akan kunna manyan fitilu a yi silalom na mata a kansa da dare, kafin a fara kuma sai an saki masu share fage sun bi filin tukuna.